Birkin Ɗan'auta

Utaibiyya, Makka
5 ga Rajab

Gwaggo Ramlatu,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ya sanyin Jos, ya kuma idon? Mujahida ta ce likita ya ga yanar ido a duka biyun. Allah ya sawwaƙe. Ni lafiyata lau, sai tarin ƙurar ƙarfe da ba ya rabuwa da mai walda. Ga shi da biro da takarda na rubuto, tunda kin kafa doka cewa saƙon murya na malalata ne. Zan ɗauki hotonta in tura wayar Mujahida, 'yar taki ta buɗe miki.

Gwaggo, an sace wa Baba abinsa, kuma ba bare ne ya sace ba.

Kin tuna birkin da ya ƙera wa 'yan ga-ruwan Gangare, wanda da mai kura ya saki hannu sai kurar ta tsaya cak, ko da jarka goma sha biyu a kai, ko a tsakiyar gangara? Lokacin da Kawu Abdulwasi'u ya aiko mini da biza shekara huɗu da suka wuce, na sako guda ɗaya a jaka. Ba don komai ba, don in riƙa ganin ɗigo ukun nan da Baba ke bugawa a jikin duk abin da ya fito daga hannunsa. A warshar Kawu, wato shagon aikinsa, kekunan tura tsofaffi da marasa lafiya muke gyarawa, a nan arabiyya ake ce musu. Garin kuwa duk tudu ne da gangara, har ya fi Jos. Wata rana wani keke ya ƙwace daga ƙofar warsha ya kama titi shi kaɗai, Malam Mukhtaru, dattijon Damagaram da muke aiki tare, yana bin sa da gudu da buta a hannu. Da aka gama dariya na ce ina da maganin wannan. Na rage girman na Baba, na ɗaura. Majid, ɗan Kawu, ya zagaya keken, ya ɗauki hoto ta gaba ta baya, ya ce, "Masha Allah, ya Maharaz." Ko sunana ba ya iya ƙarasawa.

Daga nan aka daina gyare-gyare, aka koma ƙera birki. Wani ofishin gwamnati ya ba mu kwangila, aka ƙaro ma'aikata. Ni ban tambayi komai ba, na ɗauka albarkar Baba ce ta biyo mu.

Makon jiya Majid ya miƙo mini wani fayil ya ce in kai a yi masa kwafi. A ganinsu Larabcina bai wuce na sallah da na sayen burodi ba. Ba su san shekara uku ke nan ina koya wa kaina ba: allunan shaguna, takardar cikin kwalin magani, da wani ƙamus mara bango da na saya a gwanjo. A layin mai kwafin na buɗe. Takardar farko sunanta bara'a. Ita ce shaidar da hukuma ke ba wanda ya ƙirƙiro sabon abu, ta yadda ba mai ƙera irinsa sai da izininsa, kuma sai an ba shi kasonsa. Ga zanen birkin Baba nan, komai da komai. A gurbin sunan mai ƙirƙira an rubuta Majid Abdulwasi'u.

Majid, Gwaggo! Wanda in ka ce ya miƙo filaya sai ya miƙo sufana.

Sauran takardun na rigima ne. Ofishin ya ba wasu masana'antu biyu su ƙera masa kekuna da birkin. Majid ya ce sai an ba shi kaso a kan kowane keke. Ofishin ya ce akwai layi a cikin kwangilar da ya ba shi damar amfani da birkin yadda ya ga dama. Suna kotu. Ana faɗa a kan abin mutumin da ke kwance a maƙabarta a Jos, kuma a shafi tamanin ɗin nan babu inda aka ambace shi.

Ba kasonsu nake so ba, su cinye. Suna nake so. Don Allah ki buɗe akwatin Baba ki nemo littafin da yake zane a ciki, da hotunan shago. In Sarkin 'yan ga-ruwa yana raye, ya rubuta shaida ya sa hannu, da shekara.

Ki gai da Mujahida.

Ɗanki,
Maharazu

Gangare, Jos
29 ga Janairu

Maharazu,

Wa alaikumus salam. Lafiya lau muke. Idon yana nan, ina ganin mutane kamar ta bayan labule. Rubutunka ya gyaru, amma har yanzu kana danna biro kamar kana walda. Shekara talatin ina koyarwa, ban taɓa ganin yaron da ya gudu daga makaranta ya zo yana karanta takardun kotu da Larabci ba. Na ji daɗi, kuma na ji tsoro.

Na buɗe akwatin. Littafin yana nan, ɓera ya ci gefe ɗaya amma zanen bai taɓu ba. Hotuna huɗu ne, a bayan ɗaya an rubuta 1999. Sarkin 'yan ga-ruwa yana raye. Ya ce shaidar mutum ɗaya ta yi wa babanka Ɗan'auta kaɗan, ya tara mutum goma sha bakwai suka dangwala. Hajiya Adama maƙwabciyarmu za ta taho Umra ranar Laraba, na ba ta.

Ba ka san mafarin abin ba, kana goye. Kura ce ta ƙwace ta karya wa wata mai kunu ƙugu a gaban shagonsa. Kwana tara ƙanena bai yi wani aiki ba sai wannan. Da ya yi nasara bai ɓoye ba. A bakin titi yake ƙerawa, masu walda na Bukuru da na Bauchi su zo su tsuguna su kalla, in sun kwaikwaya sun yi kuskure shi zai nuna musu wurin. Duk Jos ta gani.

Amma ka ji ni. Abdulwasi'u jininmu ne, kakansa da kakanmu uwa ɗaya uba ɗaya, ko da yake shi a Makka aka yanke masa cibiya. Shi ya tsaya a kan jinyar babanka ta ƙarshe daga can, ba wanda ya roƙe shi. Ka kai masa takardun nan har gida, ka zauna ƙasa, ka yi magana a hankali. Na san bakinka.

Gwaggonka,
Ramlatu

Utaibiyya, Makka
10 ga Sha'aban

Gwaggo,

Ina gaisuwa. Ya jikin, ya mutanen gida? Hajiya Adama ta kawo saƙo, na gode. Tarin ya yi sauƙi.

Na je gidan Kawu a Rusaifa ranar Juma'a. Na zauna ƙasa kamar yadda kika ce. Maganar a hankali ce ta gagara.

An kawo shinkafa da nama a babban faranti, da tuwon da matar Kawu ke yi duk Juma'a don kada yara su manta asali, yaran kuma ko kallonsa ba sa yi. Na jira aka wanke hannu, na baje hotuna. Kawu ya ɗauki na Baba ya daɗe yana kallo. Ya ce, "Allah yarhamu. Kunnuwan nan na gidanmu ne."

Majid ya leƙo, ya ce da Hausarsa mai ɗingishi, "Babanka yi na ruwa. Wannan na arabiyya. Ba ɗaya ba."

Na ce, "Wa ya rage shi ya zama na arabiyya? Kai?"

Ya ce, "Ni kawo lauya. Ni yawo ofis ofis shekara biyu. Kai ina?"

Na ce, "Ina warsha, ina ƙera abin da ka ƙirƙiro, ranka ya daɗe. Don Allah mai ƙirƙira, nuna wa Kawu a zanen nan inda birkin yake kama taya."

Ya ɗora yatsa a kan mariƙi. Har daga kicin sai da aka yi dariya.

Kawu ya ce, "Bas, ya isa! Ya waladi, saurara. Lauya ne ya ce takardar za ta fi saurin fita da sunan ɗan ƙasa, kai kuma igamarka, takardar zamanka a ƙasar nan, ta ɗan aiki ce. Kuskure ne, na yarda. Amma ka bari a gama shari'a. In muka taɓa takardar yanzu, ta nan lauyoyin ofishin za su shigo mana. Bayan hukunci, wallahi zan sa a rubuta Ɗan'auta."

Na ce, "Kawu, takardar ta shekara a hannunku babu shari'a. Me ya hana a lokacin?"

Kawu ya sa aka ƙulle mini sauran naman a leda.

Gwaggo, na nemo dokar a waya na karanta. Akwai sashen da ya ce mai ƙirƙira yana da haƙƙin a ambaci sunansa, ko da wani ne ya mallaki abin. Na haddace shi kamar Ƙulhuwallahu. Kin ce duk Jos ta gani. To wannan shi ne ƙarfina. Su suna da hatimi, ni ina da mutum goma sha bakwai da 1999. Ni ba na cikin masu shari'ar, ba wanda zai saurare ni a kotu, amma lauyoyin ofishin za su so su san cewa mai ƙararsu maƙaryaci ne. Su za su kai maganar gaban alƙali, alƙali ya cire Majid ya sa Baba. Sauran rigimar kaso su je su ƙarata.

Ba zan yi ba tare da saninki ba. In ban ji daga gare ki ba nan da kwana goma, na ɗauka kin yarda.

Ɗanki,
Maharazu

Gangare, Jos
21 ga Afrilu

Maharazu,

Barka da Sallah. Da fatan ka sha ruwa lafiya. An yi mini aikin ido kwana biyu kafin wasiƙarka ta shigo, na hagu tukuna, sannan na dama. Likita ya hana ni karatu da kallon waya. Mujahida ta ce ta karanta mini, na hana ta, don maganar dangi ce kuma ita bakinta ba shi da murfi. Na ce ai takarda ba ta gudu. Jiya na karanta, na ga kwana goma, na lissafa, wata biyu ke nan.

Ban karya ba na tafi wurin wani tsohon ɗalibina da ya zama lauya. Na ba shi labari. Da farko ya yi dariyar Majid da mariƙi. Da na zo kan shaidu sai ya daina. Ya ce, "Malama, irin wannan takarda sabon abu kaɗai ake ba wa, wanda duniya ba ta taɓa gani ba. In aka nuna wa alƙali abin ya shekara ashirin yana yawo a titin Jos, ba cire suna zai yi ya sa wani ba. Takardar zai soke gaba ɗaya. Abin ya zama na kowa." Na ce ko da a wata ƙasa aka gani? Ya ce a yadda ya sani, ko a ina ne.

Ni na rubuta maka duk Jos ta gani. Yabon ƙanena nake yi, ban san wuƙa nake miƙa maka ba.

In ba ka kai ba, kada ka kai. Ka koma wurin Abdulwasi'u ka sa ya rubuta alkawarinsa a gaban shaidu. In kuma ka kai, ka rubuto mini. Shirunka ya fi komai damuna, ko gaisuwar Sallah ban gani ba.

Ramlatu

Utaibiyya, Makka
20 ga Rabi'ul Awwal

Gwaggo,

Ina gaisuwa. Na ji idon ya buɗe, alhamdu lillahi. Ni lafiya. Ina cin abinci, ina zuwa aiki. Ki yafe mini wata biyar ɗin nan. Na karanta wasiƙarki a ranar da ta zo, ban dai sami abin rubutawa ba.

Na kai. Ranar kwana na goma sha ɗaya na kai.

Lauyan ofishin ya karɓe ni da gahawa da dabino. Tunda na zo ƙasar nan ba a taɓa zaunar da ni a kujerar fata ba. Ya duba hotunan, ya tambaye ni, "A fili mahaifinka yake ƙerawa? Mutane suna gani?" Na ce a bakin titi. Ya ce, "Ya taɓa hana wani kwaikwaya?" Na ce ko kusa, shi yake koya musu ma. Ina faɗa ina ɗaga kai. Ya ƙara mini gahawa. Har shaidar 'yan ga-ruwan ni na zauna na fassara musu, kyauta.

Da wasiƙarki ta zo na koma na buɗe dokar. Abin da ɗalibinki ya faɗa yana nan, shafi ɗaya kafin wanda na haddace. Na tsallake shi a lokacin don ya yi mini tsawo, kuma ban ga kalmar suna a ciki ba.

An yanke hukunci watan jiya. An soke bara'ar. Babu kaso, babu izini, duk mai injin walda yana iya ƙerawa. Layin kwangilar da suka shekara suna faɗa a kai ko duba shi ba a yi ba, an ce babu buƙata. Kwangilarmu ta ƙare, ba a sabunta ba, manyan masana'antu sun fi mu araha. Mun koma gyaran taya da ɗinkin kujera. Mu tara ne a warsha, an sallami shida.

Malam Mukhtaru yana cikinsu. Shekararsa goma sha tara a nan, 'ya'yansa mata uku suna makaranta a Damagaram. Na raka shi tasha. Ina jira ya zage ni. Ya miƙo mini butarsa ya ce, "Riƙe, ba ta yoyo." Ya shiga mota.

Ni ba a kore ni ba. Kawu ya sabunta mini igama ba tare da na tambaya ba. Majid in ya shigo yana gai da kowa da suna, in ya zo kaina sai ya duba waya. Kawu da kansa ya kawo mini kwafin hukuncin har inda nake aiki. Ya rame. Bai ɗaga murya ba. Ya ce, "Ya waladi, ga abin da kake nema. Shafi na sha huɗu." Sai ya tambaye ni ko tarin ya tafi.

Ga abin da ke shafin, na fassara miki: "Ya tabbata ga kotu cewa wani maƙeri mai suna Ɗan'auta, a garin Jos ta Nijeriya, ya ƙera wannan birki kuma ya yi amfani da shi a fili tun shekarar 1999." Shi ke nan. Layi biyu da rabi, da hatimi a ƙasa. Ba a rubuta Majid ya yi ƙarya ba. An dai rubuta Baba ne ya fara.

Na karanta ya fi sau hamsin ina jira in ji wani abu. Daɗi, ko kunya, ko haushin nan nawa da kika sani. Babu. Kamar ina karanta takardar cikin kwalin magani.

Shekaranjiya na wuce ta gaban wani asibiti, na ga sababbin kekunan a jere, na wata masana'anta. Na tsuguna na duba. Aikin yana da kyau, sun ma fi ni iya goge walda. Na shafa inda ɗigo ukun ya kamata su kasance. Mai gadi ya ce me nake nema. Na ce ba komai.

Littafin Baba yana wurinsu, sun ce ya zama na fayil. Hotunan sun dawo mini da uku.

Ban san ko in zauna ko in taho ba. Kada ki ce in yi haƙuri, ba fushi nake ba.

Maharazu

Gangare, Jos
6 ga Oktoba

Maharazu,

Na ga wasiƙarka, da idona na karanta, ba tabarau. Muna lafiya. Ruwa ya ɗauke.

Ba zan ce ka yi haƙuri ba. Ka zauna. Mutumin da ya sabunta maka igama bayan abin da ya faru, ba a barin sa da warsha da mutum uku. Ka je tuwon Juma'a ko ba a kira ka ba, ka ci, tunda 'ya'yansa ba sa ci. Ka nemo mini lambar Malam Mukhtaru. Rabin laifin nawa ne, ni zan fara kiran sa.

Na kwafe layi biyu da rabin nan a takarda mai kyau. Da safe na hau wurin rijiyar burtsatse, inda 'yan ga-ruwa ke lodi, don su ma sun dangwala, ya kamata su ji. Sun cika kurarsu sun fara gangarowa, na tsayar da su na karanta.

Sarki ya ce, "To Malama, yanzu hana mu sa birkin za a yi?"

Na ce a'a.

"Wani abu za mu riƙa biya?"

Na ce a'a.

Ya ce, "To me ya canja?"

Na naɗe takardata. Sai ya ce bari dai a yi wa Ɗan'auta addu'a. Su takwas ne, a tsakiyar gangara, kowa da jarkokinsa cike. Duk suka saki mariƙi suka ɗaga hannu. Ba kurar da ta motsa.

Ka rubuto ko ba ka da abin cewa.

Gwaggonka,
Ramlatu